Alhakin Wanda Ya Buɗe Ƙofa

A watan Nuwamba na shekarar 2023 aka rufe wani dandalin hira na intanet mai suna Omegle, bayan shekara 14 yana aiki, kuma ko da yake mai shi, Leif K-Brooks, wanda ya kafa shi a Amurka a 2009 yana ɗan shekara 18, ya koka da cewa masu suka sun hana shi sakat, duk wanda ya san tsarin wurin ba zai ce an zalunce shi ba. Tsarin kuwa shi ne mutum ya shiga babu suna, babu rajista, babu mai tabbatar da shekarunsa, na'ura ta haɗa shi da baƙo daga kowace kusurwar duniya, ta rubutu ko ta bidiyo, in wannan bai yi masa ba ya danna ya wuce ga wani.

Ta wannan hanya aka haɗa wata yarinya 'yar shekara 11 da wani ƙaton namiji ɗan Kanada a 2014, ya yaudare ta har ya mallaki hotunanta, sannan ya shafe shekaru yana bautar da ita da barazanar tona mata asiri. Da ta girma, ta kai Omegle ƙara a jihar Oregon a 2021, tana neman diyyar dala miliyan 22. Kamfanin ya fake da sashe na 230 na wata dokar Amurka ta 1996, wanda ke ɗauke wa dandali alhakin abin da jama'a suka wallafa a cikinsa, amma alƙali ya ƙi karɓar wannan hujja a 2022, domin ƙarar tana kan ginin dandalin ne da kansa, wanda ke jefa yara hannun manya ba tare da shamaki ba. Aka yi sulhu, ba a jima ba wurin ya mutu.

Hukuncin nan ya yi daidai da ƙa'idar da malamanmu na Malikiyya suka daɗe suna karantarwa, ta sadduz zari'a, cewa duk hanyar da galibi take kaiwa ga fasadi wajibi ne a toshe ta, ko da asalinta halas ce. Kakanninmu da suka gina zaure a bakin gida, inda baƙo zai tsaya ya yi sallama a san ko shi wane ne, ba ƙin baƙi suke yi ba, sun dai fahimci cewa kunya da tsoron hisabi su ne linzamin ɗan Adam, kuma wanda ya tabbata ba a san fuskarsa ba yakan aikata abin da ba zai iya furtawa a gaban jama'a ba.

Ba na musun cewa ɓoye suna yana da maslaha ga wanda ake zalunta, ko mai fallasa azzalumin shugaba, amma wannan uzuri bai shafi wurin da yaro zai faɗa cikinsa da dannawa ɗaya ba. Ire-iren Omegle suna nan birjik, kuma wayar da ke hannun 'ya'yanmu tana isa gare su cikin dare, iyaye na barci. Saboda haka wajibi ne hukumomi su ɗora wa masu irin waɗannan dandali nauyin tantance shekaru da sa ido, su hukunta wanda ya ƙi, mu kuma iyaye mu san da wa yaranmu suke hira, mu kuma saba musu da cewa in wani ya yi musu barazana, mu ne farkon waɗanda za su gaya wa, ba tare da tsoron duka ko gori ba.