Sai da Jamusawa Suka Tuna Mana da Adamu Halilu

Jama'a, mu marubuta mun iya kuka da cewa ba a daraja aikinmu. To, mu wa muka daraja? Sau nawa muka ji ana faɗa a tarurrukanmu cewa fim ɗin Hausa ya faro ne da Turmin Danya a Kano a 1990, muka yi shiru? Wannan magana ba haka take ba. Tun 1976 marigayi Adamu Halilu ya shirya fim ɗin Shaihu Umar, daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, aka kuma nuna shi a bikin FESTAC na 1977.

Abin kunyar ya fi yawa a kanmu, mutanen Zazzau. A nan Zariya aka buga littafin a 1934, bayan gasar da Rupert East ya shirya. A nan kuma, a Jami'ar Ahmadu Bello, Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar da shi wasan kwaikwayo. Duk da haka fim ɗin ya ɓace shekara da shekaru, ba mu ko cigiya ba. Sai a 2016 aka tsinto faifansa a wata ma'ajiya. Cibiyar Arsenal ta Balin ce ta gyara shi, aka nuna a bikin fina-finan birnin a 2018. Mai kaya yana barci, baƙo na gadi!

Wani zai ce ai fim ba adabi ba ne, ina ruwan marubuci? Ruwansa kuwa har wuya. Halilu bai yi gaggawa ba. Ya bar Shaihu ya zauna cikin almajiransa yana ba da labarin bauta da rabuwa da uwa, kamar yadda littafin ya tsara. Wanda ke son koyon saƙa labari cikin labari, ga makaranta nan.

Daga Ƙofar Doka zuwa Ƙofar Gayan, mu nawa ne muka taɓa ganinsa? Saboda haka muna kira ga ƙungiyarmu ta nemo fim ɗin a haska shi a cikin ganuwar nan, kuma wani daga cikinmu ya rubuta tarihin Adamu Halilu da Hausa tun waɗanda suka yi aiki da shi suna raye. In ba haka ba, gobe da Jamusanci za mu karanta shi.