Wasali ɗaya da ya mayar da ɗigon ruwa tauraruwa

Duk wanda ya binciki ma'anar sunan Maryam a jerin sunayen jarirai, da wuya bai ci karo da "tauraruwar teku" ba. Amsa ce mai daɗin ji, amma tushenta tuntuɓen alƙalami ne.

A Attaura ta Ibrananci, yayar Annabi Musa ce ke ɗauke da sunan, kuma an rubuta shi da baƙaƙe huɗu, M-R-Y-M, kamar Larabcin da ba a yi wa wasali ba. A ƙarshen ƙarni na 4, malamin Kirista Jerom ya raba shi biyu: "mar", wato ɗigo, da "yam", wato teku. Ya fassara shi da Latin a matsayin "stilla maris", ɗigon teku. Daga baya masu kwafar littattafai da hannu suka mayar da "stilla" ta koma "stella", tauraruwa. Har yau akwai coci-coci da makarantu masu amsa sunan Stella Maris.

Fassarar Jerom ɗin ma hasashe ce. Wasu masana sun danganta sunan da kalmar Ibrananci mai nufin ɗaci, wasu da tawaye, wasu kuma na ganin daga harshen tsohuwar Masar aka aro shi, daga tushen da ke nufin ƙauna. Ba a daddale a kan ɗaya ba.

Saboda haka, kafin ranar suna, ya kamata iyaye su auna duk ma'anar da aka kawo musu da tambayoyi uku. Yaya aka rubuta sunan da haruffan Ibrananci? A wane nassi ya fara bayyana? Masana harshen sun yi ittifaƙi, ko akwai saɓani? Majiyar da ta ba da ma'ana ɗaya tak ga sunan da aka daɗe ana jayayya a kansa, abar tuhuma ce. Yawan masu maimaita magana kuma ba hujja ba ne, domin da haka "stella" ta samu gindin zama.

Za a iya cewa ba komai, tunda wanda ya raɗa wa 'yarsa Maryam darajar mahaifiyar Annabi Isa ya duba, ba ƙamus ba. Gaskiya ne, kuma wannan dalili ya isa. Sai dai wata rana Mairo za ta girma ta tambayi ma'anar sunanta. Gara a ce mata masana sun saɓa, a zayyana mata ra'ayoyinsu, da a gadar mata da kuskure don kawai yana da daɗi a kunne.