Sanarwar Bayan Taron Masu Tifa da Direbobin Yashi na Tambuwal da Kebbe

Masu motocin tifa, direbobi da 'yan lodi na ƙananan hukumomin Tambuwal da Kebbe sun zauna a garin Tambuwal kan motocin da ake kamawa bisa zargin ɗibar yashi ba bisa ƙa'ida ba. Wakilai sun zo daga Dogon Daji, Sanyinna, Jabo da Kuchi, an kuma gayyaci lauya ya warware mana doka. Ga abin da aka tsayar.

Taro ya fara da gaya wa kansa gaskiya: yashin gulbi ba na wanda ya riga zuwa da shebur ba ne. Sashe na 44(3) na tsarin mulkin 1999 da Dokar Ma'adinai ta 2007 sun danƙa ma'adinai a hannun Gwamnatin Tarayya, kuma haƙar yashi don sayarwa sai da lasisi daga Ofishin Kadasta na Ma'adinai. Yardar uban ƙasa da rasit ɗin ƙaramar hukuma suna da amfaninsu, amma ba sa tsayawa a madadin lasisi. Tun da aka ƙaddamar da dakarun tsaron ma'adinai daga cikin jami'an Sibil Difens a watan Maris na 2024, ba wanda zai ce bai ji ba. Don haka kada direba ya yi lodi sai ya karɓi kwafin lasisin mai rami da rasit mai ɗauke da kwanan wata da lambar mota.

Sai dai kama mota ba hukunci ba ne. Tsarin mulki ya yarda a riƙe dukiyar mutum na ɗan lokaci don bincike, bai ce a ajiye tifa a rana har taya ta sace, batir ya mutu, yashi ya cinye ƙasan bodi ba. Mai mota ya rasa balas, 'yan lodi sun koma gida hannu rabbana, alhali ba alƙalin da ya ce an yi laifi.

Idan an kama mota, direba ya kwantar da hankali, kada ya yi gardama, kada kuma ya miƙa na goro. Kuɗin da ba rasit ba ya fitar da mota daga zargi, gobe ma a sake tare ta. Ya nemi a rubuta abin da aka karɓa, ya sa hannu, a ba shi kwafi. Mai mota ya kai takardun mallaka da rubutacciyar buƙatar a sakar masa ita bisa alkawarin kawo ta duk ranar da aka nema. Sashe na 10 na Dokar Gudanar da Shari'ar Laifuka ta Tarayya ta 2015 ya tanadi haka, ya kuma ce jami'in da ya ƙi sakin kaya ya kai rahoto kotu, kotu ta duba.

In an riga an gurfanar da direba, lauya ya roƙi kotun da ke sauraron ƙarar ta saki motar. In ba tuhuma, ba saki, sai lauya ya rubuta takardar neman a mayar da ita, sannan a shigar da ƙarar tauye haƙƙi a babbar kotu ƙarƙashin sashe na 46 na tsarin mulki, a haɗa da neman diyya. Laifin ma'adinai kansa hurumin Babbar Kotun Tarayya ne, akwai ta kuwa a Sakkwato.

Lauya ya ja kunnenmu kan jinkiri. Dokar kare ma'aikatan gwamnati ta ba da wata 3 kacal a shigar da ƙarar diyya ta yau da kullum a kan jami'i. Ƙarar tauye haƙƙi ba ta da wannan wa'adi, amma wanda ya ɓata watanni yana bin masu cewa "bari mu yi magana da oga" ya toshe wa kansa ƙofa ɗaya.

An amince a buɗe asusun kuɗin lauya, kowace mota ta riƙa zubi duk mako. Asusun ba zai tsaya wa wanda ya yi lodi da dare a ramin da ba shi da lasisi, ko wanda ya haƙe gindin gada ko bakin gonar mutane. Duk wanda motarsa ke tsare yanzu ya kawo wa sakatare takardunta da ranar da aka kama ta kafin zama na gaba, wanda za a yi a Kebbe.

Sa hannu:
Shugaba
Sakatare