Mun Iya Liƙi, Mun Kasa Rubutu

Duk ɗan arewacin Kamaru da ke son karanta tarihin makaɗan ƙasar Marwa, sai ya fara koyon Jamusanci tukuna. Ba zolaya nake yi ba. Littafin da masana ke komawa gare shi a kan waƙar yabo da bambaɗawan Fulanin Diyamare, wato ƙasar Marwa, wani Bajamushe ne mai suna Veit Erlmann ya rubuta shi, ya fito a 1980, kuma da harshen iyayensa. Shekara guda kafin nan ya fitar da wani a kan mbooku, waƙar nan da maza ke jeruwa su rera ba ganga ba garaya, wadda a cikinta aka adana labarin yaƙe-yaƙe da yunwa da 'yan fashin da suka addabi ƙasa. Wani Bajapane, Paul Eguchi, shi ma ya zauna da masu mbooku ya rubuta baitocinsu, aka buga a birnin Osaka.

Ba a nan abin ya tsaya ba. Gurna ta ƙabilar Tupuri, inda maza ke fita bayan gari da shanunsu a lokacin rani, su yi sansani suna shan madara suna haddace doguwar waƙar shekara, wadda ke tona asirin mai abin kunya da sunansa, Ba'amurkiya Clare Ignatowski ce ta yi mata littafi a 2006. Kiɗan mutanen duwatsun Mandara kuwa, Nathalie Fernando ce ta fitar da littafinta da Faransanci a 2011. Jamus, Japan, Amurka, Faransa. To ina mu?

Waɗannan baƙi ba su yi mana laifin komai ba. Sun sha rana, sun koyi harshe, sun zauna a kan tabarma gaban mutanen da mu muke wucewa ko sannu babu. Allah ya saka musu. Haushina yana kanmu ne, mu 'yan boko da attajirai da masu sarauta na Garwa da Marwa da Ngaundare, da muka mayar da makaɗi abin amfani na yini guda.

Dubi 'yan uwanmu na kudu. Francis Bebey, ɗan Duwala, tun 1969 ya wallafa littafi a kan kiɗan Afirka, aka fassara shi zuwa Turanci, har yau ana karanta shi a jami'o'i. Manu Dibango ya ba da labarin rayuwarsa a littafin Trois kilos de café, tun daga ranar da ya sauka Faransa a 1949 yana yaro, riƙe da kilo 3 na kofi da zai biya kuɗin masauki da shi. Littafin ya fito a 1989. A wannan shekarar ce kuma Ali Baba ya rasu, ɗan Garwa haifaffen 1956, mai rawa da waƙar da ya kai kiɗan arewa manyan dandamali da salonsa na Soul Gandjal. Wanda bai yarda da ni ba ya zagaya kasuwar Garwa, ya leƙa unguwannin Fulɓere da Hausare da Yelwa, ya ce a ba shi littafin Hausa ko na Fulatanci a kan rayuwar Ali Baba: wa ya koya masa rawa, me ya tarar a Faris, me ya ci masa tuwo a ƙwarya. Zai dawo hannu rabbana.

Kada wani ya ce ai halin Bahaushe ne ko na Bafulatani. Mamman Shata ya rasu a 1999, kafin 2006 ta ƙare Ibrahim Sheme da abokan aikinsa sun fitar da Shata Ikon Allah, littafi mai kauri da ya bi sawun mutumin tun daga Musawa. Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau ya ƙarar da shekarunsa yana tattara tarihin makaɗa da mawaƙan Hausa. Harshe ɗaya muke yi da su, addini ɗaya, kasuwa ɗaya. Su sun ɗauki alƙalami, mu mun tsaya tafi.

Tushen cutar raini ne, kuma kowa ya sani. A je ƙofar fada ranar hawan salla a gani. Ga mai algaita, kumatu sun kumbura, jijiyar wuya ta miƙe, yana jan numfashi ta hanci busa ba ta yanke ba, fasahar da sai an yi shekaru ana koyo kafin ta zauna. Bayansa ga masu ganga da kakaki, ga maroƙi yana jero sunayen kakannin Lamiɗo ɗaya bayan ɗaya ba tuntuɓe. Sai Alhaji ya taso da babbar riga tana jan ƙasa, ya zaro sababbin takardun dubu goma-goma na sefa yana manna masa a goshi, ana guɗa, ana ɗauka da waya. Da la'asar an watse. Wannan maroƙin da ya riƙe tarihin gari a ka, in ya zo neman auren 'yar Alhaji, da sanda za a raka shi. Wanda ba ka yarda ya zauna a kan shimfiɗarka ba, yaushe za ka zauna ka rubuta rayuwarsa? Kuɗin da ake zubarwa a liƙin biki ɗaya na manyan gari ya isa a ɗauki ɗalibi aiki, a saya masa rikoda, a buga littafi.

Ga kuma maganar rediyo. Tun ƙarshen shekarun 1950 Rediyon Garwa ke watsa shirye-shirye, da Fulatanci da Hausa, har masu sauraro daga Yola da Maiduguri da Kano suna aiko da wasiƙun gaisuwa. Makaɗa nawa suka shiga ɗakin ɗaukar murya na wannan gida da garaya da goge da molo? Faifan zare ba ya son zafi, ba ya son ƙura, ga shi a Garwa zafin Maris da Afrilu yana haura digiri 40. Duk zaren da ba a kwafe shi zuwa kwamfuta ba, ranar mutuwarsa na tafe. Haƙƙin jama'a ne a fito da jerin abin da ke ajiye, a faɗi sunan mai waƙa da garinsa da shekarar da aka ɗauka.

Abin da ya tsira ya faɗa hannun masu tura waƙa a waya, can ma ba ta canza zani ba. Yaro ya miƙa memori da 'yan canji, a cika masa shi da ɗaruruwan waƙoƙi. Ka buɗe ka ga an rubuta "tsohuwar waƙa 1", "tsohuwar waƙa 2". Babu sunan mawaƙi, babu na wanda aka yi wa, balle dalilin yin ta. Murya ta rayu, mai ita ya ɓace.

Na san uzurin da za a kawo. Wasu za su ce kiɗa haramun ne. Wannan muhawara ce ta malamai, kuma ban zo yin fatawa ba. Amma rubuta tarihin abin da ya faru a ƙasa ba rawa ba ce, kuma duk mai son sanin yadda Jamusawa suka ci Garwa a 1901 da Marwa a 1902, da yadda talaka ya ji a jikinsa, dole ya saurari abin da mawaƙa suka adana. Wasu kuma za su ce mutanenmu ba sa karatu. Ƙasar da malamanta suka daɗe suna rubuta waƙoƙin Fulatanci da ajami ita ce ba ta karatu? Djaïli Amadou Amal, 'yar Marwa, ta rubuta rayuwar matan arewa ta ci babbar kyautar adabi ta ɗaliban Faransa a 2020. Marubuta muna da su. Batun ne muka ɗauka bai kai a ɓata masa tawada ba.

Hanya ma an riga an share mana ita. Eldridge Mohammadou, haifaffen Garwa, ya bi fadodin lamiɓe da rikoda yana ɗaukar bakin dattawa, ya fitar da tarihin Garwa a 1980 tare da Modibbo Bassoro, ya yi na Rai Buba, wasu littattafansa ma sai a Tokyo aka buga su. Ya rasu a Maiduguri a 2004. Abin da ya yi wa sarakuna shi ya rage a yi wa makaɗansu.

Yau muna da jami'a a Ngaundare tun 1993, a Marwa tun 2008, a Garwa tun 2022. Kundin da ɗalibi ya rubuta a kan kiɗa aka jibge a kabad bai amfani kowa ba. A tace shi, a mayar da shi Hausa da Fulatanci, a kai kasuwa. Garin da ya iya gyara filin wasa na Rumde Ajiya, wato Garwa, ya karɓi gasar cin kofin Afirka a 2022 bai isa ya ce ɗakin adana muryoyi ya fi ƙarfinsa ba. Ranku ya daɗe lamiɓe, ku sa a zauna da sarakunan makaɗanku tun suna iya magana. Isnebo da sauran mawaƙan da ke raye, ku nemi marubuci ku faɗi labarinku da bakinku. Kai kuma mai karatu, in akwai tsohon makaɗi a unguwarku, wayar da ke aljihunka tana ɗaukar murya. Je ka gaishe shi a wannan makon, ka tambaye shi wa ya koya masa, ka rubuta sunansa da kwanan wata.