Mai Zanen Sarakuna da Mutanen Zango

A shekarar 1869 aka haifi Philip de László a birnin Pest na ƙasar Hungari, ɗan wani tela Bayahude marar wadata. Tun yana yaro aka kai shi koyon aiki wurin mai ɗaukar hoto, daga nan ya bi ilmin zane zuwa Munik da Paris, har Allah Ya buɗa masa, hoton Fafaroma Leo na 13 da ya zana ya ci lambar zinariya a bajekolin Paris na 1900. A 1907 ya tare a Landan da matarsa Lucy Guinness, ya zana Sarki Edward na 7, kuma a watan Agusta na 1914 ya karɓi takardar zama ɗan ƙasar Ingila.  Abin da ya kama zuciyata shi ne abin da ya same shi bayan haka.

Da yaƙin duniya na farko ya tsananta, mutanen da jiya suke rige-rigen zama a gabansa sai suka tuna cewa asalinsa daga ƙasar abokan gaba yake. A watan Satumba na 1917 aka kama shi, aka kai shi kurkukun Brixton. Tuhumar da aka yi masa ita ce ya aika wa danginsa na Hungari wasiƙu da kuɗi, wato ya sada zumunta, kuma ya ba wani fursunan yaƙi ɗan ƙasarsu da ya tsere fam ɗaya, alhali shi da kansa ya kai rahoton mutumin ga 'yan sanda. Sai a watan Yuni na 1919 aka wanke shi. Ya koma kan aikinsa, ya zana Sarki Fu'ad na Masar, ya zana Gimbiya Elizabeth tana ƙarama a 1933, ya rasu a 1937.

Duk wanda ya tashi a Nima ko Maamobi, unguwannin Zango a ƙasar Gana, ba ya bukatar sharhin wannan ƙissa, domin a gidansu ma an yi ta. Kakanninmu sun yi fataucin goro da shanu a hanyar Salaga, Hausawan da suka yi wa Bature Glover soja sun yi yaƙin 1874, Malam Bako ya kafa Sabon Zango, Malam Amadu Futa ya sari Nima, Alhaji Umaru na Kete Krachi ya karantar har wafatinsa a 1934. Duk da wannan tarihi, a 1957 gwamnatin Nkrumah ta kori Alhaji Amadu Baba na Kumasi da Alhaji Usman Ladan zuwa Nijeriya saboda siyasa, sannan ranar 18 ga Nuwamba 1969 gwamnatin Busia ta ba duk baƙon da ba shi da takarda mako biyu ya fita, aka loda dattawa a manyan motoci, tare da 'ya'yan da aka haifa a nan, waɗanda ba su taɓa ganin Kano ko Sakkwato ba, suka sayar da gidajensu da arhar banza.

László yana da lauyoyi da surukai masu dukiya, amma duk da haka sai da ya yi kusan shekara biyu cikin tuhuma. To, ina ga mai wake da shinkafa a bakin titin Kanda? Abin da ke damuna ke nan idan na ji matashi ya je karɓar katin ɗan ƙasa, ma'aikaci ya ji sunansa Abdullahi ko Fusaini, ya ce masa, "Ina garinku na asali?", tambayar da ba safai ake yi wa mai suna Kofi ba. Sashe na 6 na tsarin mulkin Gana na 1992 ya yanke hukunci sarai: wanda aka haifa bayan zartar da shi, matuƙar ɗaya daga iyayensa ko kakanninsa ɗan Gana ne, to shi ma ɗan Gana ne. Wajibi ne sarakunan Zango da limaman Juma'a, tun daga babban masallacin ƙasa na Kanda da aka buɗe a 2021, su karantar da jama'a wannan sashe na 6, su matsa wa iyaye su yi wa kowane jariri rajistar haihuwa kafin a yanka ragon suna, kuma su riƙa tura wakili ya raka duk wanda aka hana shi katinsa ba bisa hujja ba.