RA'AYINMU: Tsofaffi Da Shari'ar Cekin Banki

A cikin ƙararrakin da ke gaban kotu, kaɗan ne suka kai ta cekin banki sauƙin ganewa. Ga takarda da sa hannun mai ita, ga hatimin banki na cewa babu kuɗi a asusu. Amma sai ka tarar dattijo ya share shekaru yana zirga-zirga a kanta.

Doka ba ta yi sanyi ba. Tun 1977 dokar Nijeriya ta ce wanda ya karɓi kaya ko bashi da cek, aka kai banki cikin wata 3 ya dawo don babu kuɗi, zai sha ɗaurin shekara 2 ba zaɓin tara, sai dai in ya nuna yana da dalilin yarda cewa za a biya. Dokar tafiyar da shari'ar laifuka ta 2015 kuma, a sashe na 396, ta ce a riƙa zama kullum har a gama. In hakan ya gagara, kada kowane ɓangare ya wuce ɗagewa 5, kada tazarar ta wuce kwanakin aiki 14. Jihohi sun yi tasu, Kaduna a 2017, Kano a 2019.

To, ina gizo ke saƙar? A wajen tsara ranaku. Akan jera ƙararrakin yini gaba ɗaya a ce ƙarfe 9 na safe. Tsohon da ya sayar da hatsinsa, ko ya ranta wa wani kuɗin sallamarsa, zai yi sammako ya biya mota, ya zauna a benci da ciwon gwiwa har azahar. Daga nan a ce lauyan wanda ake tuhuma yana wata kotu, ko mai gabatar da ƙara bai zo da fayil ba, a ba shi wata rana bayan wata biyu. Ba wanda ya aika masa tun jiya cewa kada ya taso, alhali kowa na da waya a aljihu. Ga dogon hutun alƙalai na damina, ga masu tafiya kotun zaɓe, ga yajin aiki irin na ma'aikatan shari'a a 2021 da ya rufe kotuna wata biyu. In aka sauya alƙali kuwa, sau da yawa sai a koma farko.

Mai cin bashi ya san wannan sarai. Kowace ɗagewa riba ce gare shi, domin darajar naira na zubewa, mai ƙara kuma ƙarfinsa na raguwa. Shi ne babban shaida. In ya rasu kafin ya ba da shaida a yi masa tambayoyi, da wuya ƙarar ta tsaya da ƙafarta, magada kuma su haƙura.

Ba mu kaɗai ba ne. Kotun Ƙolin Indiya ta bayyana a 2021 cewa irin waɗannan ƙararraki sama da miliyan 3.5 ne ke jibge a ƙarshen 2019. Amma tun 2018 dokarsu ta ba alƙali ikon sa wanda ake tuhuma ya biya har kashi 20 cikin 100 na kuɗin kafin a gama shari'a. Ya kamata 'yan majalisarmu su duba wannan.

Sauran gyaran ba ya bukatar majalisa. Muna kira ga manyan jojin jihohi su ba da umarni a yi wa fayil ɗin duk wanda ya haura shekara 60 alama, a kira shi da farko, a ɗauki shaidarsa a zaman farko. A raba yini gida biyu, kowa ya san sa'arsa. Magatakarda ya sanar da mutane in ba za a zauna ba. Wanda kuma ya nemi ɗagewa ba dalili, alƙali ya ɗora masa kuɗin motar dattijon da na lauyansa a ranar, domin sashe na 396 ya riga ya ba shi wannan iko.