"Ƙasa ta gwamna ce": rabin gaskiyar da ke cinye gonaki

Bayan girbin bara wani kawuna ya kira ni da sassafe, muryarsa na rawa. Ya je gonarsa ya tarar an kafa turaku masu jan fenti, kuma da ya tambayi mai unguwa, sai aka ce masa hukuma ce ke son wurin. Babu takarda, babu batun diyya. Abin da ya fi damuna shi ne yadda ya rufe zancen: "To ɗana, ya za a yi? Ai ƙasa ta gwamna ce."

Wannan magana ta ci gonaki fiye da katafila. Asalinta Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, wadda gwamnatin soja ta Janar Obasanjo ta kafa. Sashe na 1 ya danƙa filayen jiha a hannun gwamna, haka ne, amma a matsayin amana, don amfanin 'yan ƙasa. Sashe na 28 ya ba shi ikon soke haƙƙin mai fili idan maslahar jama'a ta buƙaci hakan, kamar hanya, asibiti ko makaranta, kuma dole a ba mai filin sanarwa a rubuce, da sa hannun jami'in da gwamna ya wakilta. Turke da jan fenti ba su cika wannan sharaɗi ba. A shari'ar Osho da kamfanin Foreign Finance ta 1991, Kotun Ƙoli ta nuna cewa ƙwace fili daga hannun wani don a miƙa wa wani ya yi harkar kansa ba ya cikin maslahar jama'a.

Tsarin Mulkin 1999 ya ƙara ɗaure zancen. Sashe na 44 ya ce ba za a karɓe kadarar mutum da tilas ba sai bisa dokar da ta tanadi biyan diyya ba tare da jinkiri ba, ta kuma bar masa ƙofar kotu a buɗe. Sashe na 47 na dokar 1978 ya so hana kotuna duba yawan diyya, amma Kotun Ɗaukaka Ƙara ta yi watsi da shi a shari'ar Kanada da Gwamnan Jihar Kaduna a 1986.

Kawuna ba shi da takardar shaidar mallaka, kamar yawancin manomanmu, kuma a nan ne ake tsorata su. Alhali sashe na 36 ya ɗauki wanda ke noma gonarsa tun kafin dokar tamkar wanda aka ba haƙƙin riƙo na gargajiya. Gadon kakansa hujja ce, maƙwabtan iyaka shaidu ne.

Sai dai ba zan yaudari mai karatu ba: dokar kanta tana da rowa. Sashe na 29 bai biyan darajar ƙasar a kasuwa. Abin da yake biya shi ne abin da ka ɗora a kanta: gini bisa kuɗin sake gina shi bayan an cire tsufa, amfanin gona da itatuwa bisa farashin da jami'in gwamnati ya yanka, sai kuɗin hayar ƙasa na shekarar idan ka biya, da ruwa a kan jinkirin biyan diyyar gini. Don haka manomin da aka zo wa da rani, gonarsa fayau, ana iya ƙirga masa ɗorawa biyu da mangwaro ɗaya a sallame shi, a yanka gonar fuloti-fuloti ana sayar da kowanne miliyoyi. A ganina wannan sashe ne ya fi cancantar gyara, amma sashe na 315 ya cusa dokar cikin Tsarin Mulki, gyaranta sai an bi hanyar gyaran Tsarin Mulkin kansa. Mun kuwa san inda rikicin diyya ke kai mutane: a Afrilun 1980 manoman Bakolori, kusa da Talata Mafara, sun tare hanyoyi saboda gonakin da aikin madatsar ruwa ya ci, 'yan sanda suka buɗe wuta, aka rasa rayuka da dama.

Shawarar da na ba kawuna ba ta da yawa. Ya ɗauki hoton gonar da kowace bishiya kafin a taɓa komai. Kada ya dangwala yatsa a takardar da ba a karanta masa ba. Shi da maƙwabtansa su rubuta wa ma'aikatar filaye suna neman kwafin sanarwar sokewa, su ajiye shaidar karɓar wasiƙar. Sannan su haɗa kuɗi su ga lauya da wuri, domin lauyoyin gwamnati kan fake da dokar kare jami'ai mai wa'adin wata uku, ko da yake kotuna sun sha cewa ba ta shafi ƙarar neman fili ba.

Su goma sha ɗaya suka sa hannu a wasiƙar. Har yau ba a nuna masu sanarwar ba, turakun na nan, shi kuma ya riga ya kai taki gonar.